Koren Layin Ma'ajin Sito

Wani ne dai, ba sai na kama suna ba, ma'ajin sito ne a wani kamfanin sayar da tayil da fenti. Aikin ba wuya. Kaya su shigo ya shigar a kwamfuta, kaya su fita ya buga rasit. Amma ko wannan ɗin sai da ya san yadda ya yi ya dagula shi. Ya taɓa aika wa mai neman farin fenti baƙi, mota guda. Ya taɓa kulle direban kamfani a cikin sito ya tafi cin abinci, kuma bai yi sauri ba. Ranar da aka buɗe direban, Manaja ya kira mutumin naku ofis. Bai ɗaga murya ba, shi Manajan ba ya ɗaga murya, abin da ya sa ake tsoronsa ke nan.

Ya ce, "Saura ɗaya. Ka ƙara ɗaya, ka huta, mu ma mu huta."

Mutumin yana da mata da yara da gidan haya, saboda haka maganar ta shige shi sosai. Ya ɗan kwana biyu yana aiki kamar mutumin kirki, har ana tambayarsa ko lafiya.

Sai ranar da ya je aski. Mai askin ya jingina wayarsa a jikin madubi yana kallon tseren motoci, wata jar mota tana shan kwana hayaƙi na tashi daga tayoyinta. Mutumin ya dinga bin motar da kai, ta yi dama ya yi dama, ta yi hagu ya yi hagu, har aka fitar masa da titi a ƙeya.

"Wannan fim ne?"

"Gem ne. A kwamfuta ake bugawa. Kyauta ma suke ba da shi yanzu."

Da ma a ce mai askin bai furta kalmar kyauta ba.

Abin da bai gaya masa ba shi ne, kamfanonin gem na yanzu ba sa miƙa maka gem a hannu. Sai ka fara sauke wata manhajarsu ka ɗora a kwamfuta. Ita za ta tambaye ka ko kai wane ne, ita za ta sauke maka gem ɗin, ita za ta buɗe maka shi ranar da ta ga dama. Maigadi ne dai sak, irin wanda yake ganin ya fi mai gidan. Mu kira shi maigadi kawai mu huta.

Ranar hutu da hantsi mutumin ya zauna a falo, ya ɗora tsohuwar kwamfutar matarsa a cinya, wadda wanta ya bar mata bayan ya gama cin amfaninta. Maigadi ya sauka lafiya. Ya buɗe, ya ce a yi rajista. Suna, imel, ranar haihuwa, ƙasa, kamar mai neman biza. Aka zo kan kalmar sirri. Ya sa sunansa, aka ce ya yi rauni. Ya sa sunan matarsa, aka ce ya yi rauni. Ita kuwa tana gefe tana ninke kayan yara, tana leƙe.

"Sunan nawa ne mai rauni? To sa na babarka mu gani."

Ya cakuɗa haruffa da lambobi da alamomi har maigadi ya gamsu, shi kuma a take ya manta abin da ya rubuta. Aka sake daga farko.

Daga nan maigadi ya ce ya tabbatar shi mutum ne. Ya nuno hoton wani titi an yanka shi gida-gida, ya ce a zaɓi duk gidan da akwai babur. Mutumin ya ƙura ido. Ga babur nan ɓaro-ɓaro, amma gwiwar hannun mai babur ɗin ta leƙa gidan da ke kusa.

"Maman yara, gwiwar mai babur tana cikin babur?"

"In ya faɗi tare suke faɗuwa."

Ya zaɓa da gwiwar, aka ce bai yi ba. Ya zaɓa ba gwiwar, aka ce bai yi ba. Aka kawo masa fitilun hanya, aka kawo matakala, aka kawo jiragen ruwa. Gumi ya fara tsattsafo masa.

"Kin ji wai har yanzu ba su yarda ni mutum ba ne."

"Ka yi musu uzuri, Baban yara. Su yau suka fara ganinka. Ni da na daɗe da kai ma ban gama yanke shawara ba."

Ta miƙo hannu ɗaya, ɗayan riƙe da wandon yaro, ta danna nan ta danna can, maigadi ya buɗe ƙofa. Mutumin ya ce ai da ma ya kusa, shi ya sassauta mata shi.

Ya danna a sauke gem. Maigadi ya duba cikin kwamfutar ya ce gem ɗin ya fi ta girma, ko an kwashe duk abin da ke ciki ba zai shiga ba. Fankar kwamfutar ta hau kuka, gindinta ya yi zafi har ya ɗaga ta daga cinya, sannan allon ya yi baƙi.

"Ta suma," in ji matar. "Ka yi mata fifita, ka nemi gafararta. Kai da ko keke sai an riƙe maka, me ya haɗa ka da tsere?"

Mai hankali a nan zai haƙura. Shi kuwa a nan ya tuna da kwamfutar sito. Ƙatuwa, cikinta wayam, ga intanet na kamfani, tana zaune ba abin da take yi sai rasit. Har tausayinta ya ji.

Washegari kafin ma ya buɗe tagogin sito ya ɗora maigadi a kanta. Ya danna a sauke. Wani siririn koren layi ya fito a allo ya fara tafiya, a ƙasansa an rubuta kashi ɗaya. Ya ɓoye shi a bayan shafin rasit, ya gyara zama, ya ji duniya ta yi masa daidai.

Kafin rana ta take ofis ya rikice. Sakatariya ta aika saƙo ya ƙi tafiya. Akanta ya buɗe shafin banki, shafin yana ta juyawa. Masu karɓar oda suka fito tsakar ofis suna ɗaga wayoyi sama. Maigadi ya kama intanet ɗin kamfanin gaba ɗaya yana zuƙa, bai bar wa kowa ko ɗigo ba. Mutumin ya ga in ya yi shiru za a gane shi, sai ya fito ya fi kowa faɗa.

"Wannan ai rashin imani ne. Wani yana nan zaune cikinmu yana shanye mana netwok, mu kuma ga aiki ya tsaya. Ni wallahi in na kama shi, ba sai an kai ga Manaja ba."

Ashe Manaja yana tsaye a bayansa.

"Madalla. Tunda kai abin ya fi ƙonawa, kai za ka nemo mana shi."

Haka aka naɗa shi shugaban bincike. Kuma ya yi aikin da gaske, wannan kam ba za a ci haƙƙinsa ba. Ya leƙa ƙarƙashin teburin sakatariya. Ya tsare akanta da tambayoyi har akanta ya fara zargin kansa. Ya kawo rahoto cewa akwai hannun hadari a ciki, ranar kuwa ko gajimare babu. Daga ƙarshe ya ba da umarni kowa ya cire wayarsa daga intanet ɗin ofis don a gano ɓarawo. Kowa ya cire. Koren layi ya ƙara sauri.

Ana haka layin ya kai kashi casa'in da tara. Mutumin ya kulle ƙofar sito ta ciki, ya naɗe hannun riga, ya riƙe gefen tebur kamar sitiyari yana gwada kwana. Layin ya tsaya. Mutumin ya jira. Ya je ya sallami mota guda ta tayil ya dawo, yana nan. Can maigadi ya ce an sami matsala, zai duba fayiloli. Ya duba, ya duba, sai ya koma kashi goma sha wani abu, ko kunya babu.

Aka sake hawa. Da aka kusa, maigadi ya ce shi kansa yana bukatar sabuntawa, gem ya dakata tukuna. Da ya gama sabunta kansa ya canza launi, ya ce bai san mutumin ba, a kawo kalmar sirri. Da aka wuce nan, ya ce ai gem ɗin ma an fito da sabon gyara, kuma gyaran ya fi gem ɗin nauyi. Aka sake hawa, aka sake kai casa'in da tara, aka sake zamewa. Mutumin ya rame. In ya rufe ido koren layi yake gani.

Da abin ya ishe shi ya rubuta wa sashen taimako na masu gem ɗin. Suka amsa da fara'a, suka ce sun ji zafin abin da ya same shi ƙwarai. Suka ce ya kashe akwatin intanet ya kunna. In bai yi ba, ya goge wata jakar tarkace da maigadi yake tarawa. In bai yi ba, ya kashe kwamfutar gaba ɗaya ya tashe ta. Ya karanta ya yi dariyar manya.

"Su a tunaninsu yaro suka samu. In kashe, in goge, duk wahalar da na sha ta bi ruwa, su kuma su yi ta dariya. Ba da ni ba."

Tun daga ranar bai ƙara kashe kwamfutar ba. In an tashi aiki allon kawai yake kashewa, ya lulluɓe ta da kwali. Akwatin intanet kuwa ya hana ko mai shara ta matsa kusa da shi.

To shi maigadi yana da wata ɗabi'a. In ya ga an daɗe ba a kula shi ba, sai ya faɗo gaban allo da talla, da sauti. Ranar da ya zaɓa ita ce ranar da Manaja ya shigo sito da wani babban ɗan kwangila, mai gina otal, yana so ya ga ko akwai wani irin tayil da yawa.

"Duba mana a kwamfuta," in ji Manaja.

Mutumin ya taɓa madanni ɗaya. Shafin rasit ya ɓace. Jar mota ta cika allo, injinta ya yi wata irin ƙara har ɗan kwangilar ya ja da baya ya taka bokitin fenti. A ƙasan motar ga koren layi, ga kashi casa'in da tara, ga sunan mutumin cikakke a sama, har da barka da zuwa.

Manaja ya raka baƙonsa mota, ya ba shi haƙuri kan takalmi, ya dawo. Ya ja kujera ya zauna. Ya kalli allon.

"Shugaban bincike. Ka kama shi ke nan."

"Yallaɓai, wallahi ko sau ɗaya ban buga ba."

"Ko sau ɗaya?"

"Ko fuskarsa ban gani ba, Yallaɓai. Kullum a nan yake tsayawa."

"Wato ka tsayar mana da kamfani, ka sa akanta ya fara shan maganin hawan jini, ka ɓata wa baƙona takalmi, kuma duk da haka ba ka ci moriyar komai ba."

"Haka ne, Yallaɓai."

"A'a, wannan zalunci zai zama in na kore ka yanzu. Mutum bai kamata ya rasa aiki a kan abin da bai ɗanɗana ba. Bar shi ya gama sauka. Ranar da ya gama, ka buga mana tsere ɗaya mu kalla, sannan ka ajiye makullin sito a teburina ka tafi. Kafin nan aikinka yana nan."

Ya miƙe, ya kai ƙofa, ya juyo.

"In ka goge shi, ko ka danna masa tsayawa, a ranar za ka tafi ba tsere. Sakatariya za ta riƙa leƙowa."

Mutumin ya zauna ya zuba tagumi. Tsoro ya kama shi na gaske. Ya kalli koren layin da ya yi makonni yana roƙo ya cika, ya ga yanzu ɗan guntun da ya rage shi ne abincin yaransa.

Da ya koma gida ya gaya wa matar. Ta saurara har ƙarshe, ta ajiye ludayi.

"To yanzu wace addu'ar za mu yi? Don jiya ka ce in sa yara su roƙa ya cika."

"A juya ta."

"Ka dai tsaya a guda, Baban yara, kada a rasa wadda za a amsa."

Ya kwana da shawara, ya tashi da dabara. An hana shi gogewa, an hana shi tsayarwa, amma ba a hana tsautsayi ba. Kuma ai yana da hanyoyin hallaka abin har a rubuce, waɗanda masu gem suka turo don su cuce shi. Yanzu ranarsu ta zo.

Da safe ya ɗauko kwalin tayil, ya bi ta gaban akwatin intanet, ya yi tuntuɓen da ya kwana yana shiryawa. Waya ta fice daga soket. Ya yi salati da ƙarfi don a shaida, ya tsaya yana mutsu-mutsu, sannan ya mayar. Fitilun akwatin suka yi ƙifta-ƙifta suka tsaya kore shar. Daga can cikin ofis aka ji akanta yana cewa shafin banki ya buɗe. Sakatariya ta leƙo.

"Me ka taɓa? Tunda na zo kamfanin nan ban ga netwok yana gudu haka ba. Sannu da ƙoƙari."

Ya koma sito da sauri. Layin da ya zame ƙasa da safe yana hawa kamar an biyo shi.

Ya nemo jakar tarkacen nan, ya ce ai wannan ba gem ba ce, jaka ce, ba ta cikin sharaɗi. Ya goge ta, ya bi ta kwandon shara ya sake gogewa. Ya jira ya ga komai ya rushe. Sai jan rubutun matsala da ya saba gani a gefe ya ɓace. Maigadi ya ce an gyara, ana ci gaba.

Ya duba, casa'in da tara. Wannan karon kuma lambar ba ta yi kama da mai niyyar zama ba.

Saura hanya ɗaya, babbar. Ya waiga dama da hagu, ya zura ƙafa ƙarƙashin tebur, ya lalubo makunnin soket da babban yatsa ya taka. Kwamfutar da ta yi makonni ba ta runtsa ba ta mutu ɗif. Ya sauke ajiyar zuciya. Ya bar ta ta huce sosai, don abin ya mutu da kyau, sannan ya kunna da fuskar wanda tsautsayi ya faɗa wa.

Ta tashi garau, kamar wadda ta sha barci. Maigadi ya buɗe da kansa, bai tambayi kalmar sirri ba, bai tambayi komai ba, ya yi masa barka da dawowa. Layin ya yi ɗan motsi ya cika. Wani ƙaton maɓalli ya fito a tsakiyar allo, an rubuta a buga.

Ya ɗauko kwali zai lulluɓe, sai ya ji numfashi a bayansa. Sakatariya ce.

"Kai, barka. Bari in gaya wa Yallaɓai, ya ce ko yana waya a katse shi."

Kafin ka ce me sito ya cika. Akanta ya zo da kujerarsa. Direban da aka taɓa kullewa ya samu wuri a gaba-gaba, ya harɗe hannu. Manaja ya shigo a ƙarshe, aka buɗa masa hanya, ya tsaya a bayan mutumin.

"Bismillah, direban tsere. A yi a hankali a kwana."

Mutumin ya ciro makullin sito daga aljihu ya ajiye a gefen madannai. Ya danna. Allo ya yi baƙi. Kiɗa ya tashi. Tambarin kamfanin gem ya fito yana walƙiya, hancin jar mota ya fara leƙowa daga gefe. Sai kiɗan ya shaƙe, motar ta daskare, wani ɗan farin akwati ya fito tsakiya. Akanta ya sa tabarau ya karanta wa jama'a. Wai wannan kwamfuta ba ta da ƙarfin ɗaukar hotunan gem ɗin, a nemi wadda ta fi ta.

Mutumin ya sake dannawa, akwatin ya sake fitowa. Ya ƙara dannawa, don daɗi, ya sake fitowa. A hankali ya miƙa hannu ya ɗauke makullin ya mayar aljihu. Da ya yi shiru a nan, wataƙila da an watse ana dariya. Amma bakinsa ya riga ya kai kunne. Ya juya da kujera, ya ɗora ƙafa ɗaya kan ɗaya.

"To Yallaɓai, ka gani da idonka. Ni a shirye nake, inji ne ya gaza. Kai ka ce sai na buga tsere, kowa shaida ne. Kuma ba raini ba, duk kamfanin nan babu kwamfutar da za ta iya ɗaukar gem ɗin nan. Wannan sai manyan wurare."

Manaja ya gyaɗa kai, ya juya wajen sakatariya.

"Je ki ɗauko masa tawa. A kanta nake buga shi kullum bayan cin abinci, ko tari ba ta yi."